Dogo Mai Alkyabba Ya Daina Murmushi

Gaya, farkon watan Yuli

Zuwa ga Kaka Ari, a Gafasa.

Assalamu alaikum. Gaisuwa mai yawa daga amaryarka Kamila, wadda ka yi wa alkawarin sadaki tun tana rarrafe, har yau shiru. Ya ƙafar, ya kunnen? Mama tana gaishe ka. Ka gaishe min da Iya Hajo da jikanka Muzammil. Na so in kira ka a waya, sai na tuna yadda muka yi da Sallah, ina ihu kana cewa a ƙara murya, shi ya sa na koma takarda. Tukur mai adaidaita zai kawo maka ita ranar kasuwa.

Kaka, na yi tsintuwa. Ka san na buɗe ɗan shagon buga sitika da riguna a bakin tasha. Mai shayin da ke bayan shagona yana da wani tsohon ƙyauren bayan babbar mota da yake tare iska da shi. Rannan ruwa ya wanke ƙyauren sai ga zane ya fito: wani dogon mutum, alkyabbarsa tana kaɗawa, ƙafafunsa ba sa taɓa ƙasa, ya ɗaga hannun dama. A ƙasa an rubuta Dogo Mai Alkyabba da ruwan ɗorawa, a gefe kuma Ari Mai Fenti, Gaya. Tun ina yarinya nake jin marigayi kakana, ɗan baffanka, yana cewa a da babu motar da za ta fita Gaya ba ta goye da Dogonka ba, amma ban taɓa ganinsa da idona ba.

Na ɗauki hotonsa na sake zana shi a kwamfuta. Fentin ya sha rana, don haka inda ya goge na cike da abin da na ga alamarsa. Fuskar baƙa ce wuluk, babu annuri, na bar ta haka, na ƙara mata jan ido. Abin da ke hannunsa dogo ne mai dunƙule a ƙarshe, na gane sarƙa ce da curin ƙarfe, na fito da ita sosai. Kaka, ashe ka riga Turawa! Jarumansu na fim masu tashi sama sai yanzu suka koma haka, baƙaƙen kaya, ba sani ba sabo, kai kuwa tun kafin a haifi Mama ka yi naka.

Ga samfuri na sa a ciki. Ina neman izininka in buga in sayar wa masu babur. Na san rubutu yana ba ka wuya yanzu, kada ka wahalar da kanka. In kasuwa ta zagayo ban ji daga gare ka ba, na san ka yarda ke nan.

Taka,
Kamila

Gafasa, tsakiyar watan Agusta

Zuwa ga Kamila, matar da ta yi yaji ta tare a Gaya ta manta da tsohon miji.

Bayan sallama, ina fatan kuna lafiya ke da mahaifiyarki. Mu nan alhamdu lillahi. Ƙafa da sauƙi, kunne kuwa ya tafi inda ya tafi. Hajo tana nan tana yi min faɗa a kan goro. Ruwa yana sauka yadda ake so, gero ya yi kyau. Rabona da jin ɗuriyarki tun Sallah, amma ba wannan ya sa na ɗauki biro ba.

Wani abu ya same ni wanda na kasa gane kansa. Ranar Juma'a na je Ajingi masallaci. Da muka fito sai na ga wani baƙin aljani a manne a tankin babur, ido jajir, yana wujijjiga sarƙa. Na yi a'uziyya zan wuce, sai idona ya faɗa kan rubutun ƙasa. Na goge tabarau na sake karantawa. Dogo Mai Alkyabba. Na tambayi mai babur ɗin, na ce yaro wannan wane ne? Ya ce, "Baba, ai Dogo ne, mai fasa kan ɓarayi." Na ce Dogo bai taɓa fasa kan kowa ba. Ya dube ni da tausayi, ya ce, "Baba, kai ba ka san shi ba ne." Ni, Kamila. Ni ne ban san shi ba.

Bari in gaya miki asalinsa. Ina saurayi na shiga silima a Kano, na ga wani jarumi mai tashi sama. Ya kama mugu da hannu ɗaya ya kai shi gaban hukuma ya ajiye, ko ƙwarzane babu, ya koma ya ɗauko wata tsohuwa daga cikin gobara. Na fito ina cewa me zai hana mu ma mu yi namu? Na dawo Gaya na sa masa alkyabba irin ta kakanninmu da suka zo daga gabas, na fara zana shi a bayan motoci. Direbobi suka so shi. Wannan na jikin babur kuwa, in na gamu da shi a hanyar gona, takalmina zan bar masa.

Abin da ya fi damuna, na dawo gida na ga irinsa a bayan wayar Muzammil. Yaron da tun rasuwar ubansa yake hannuna, wanda da labarin Dogo nake lallashinsa ya ci tuwo. Na tambaye shi, ya yi dariya kawai ya fita.

Ke sana'arki ce buga irin waɗannan abubuwa, kin san 'yan uwanki. Ki gano min ɓarawon da ya sace sunan nan. Ba ƙararsa zan yi ba. So nake in tambaye shi laifin da Dogo ya yi masa.

Mijinki da aka wulaƙanta,
Ari

Gaya, ƙarshen Agusta

Kaka Ari,

Assalamu alaikum. Muna lafiya, takardarka ta iso. Na je na tsare Tukur a tasha. Ya rantse ya kai maka wasiƙata, ya sake rantsewa, sannan ya ɗaga kujerar adaidaitarsa, sai ga ta nan a cikin sifanu ta sha baƙin mai. Ga ta na haɗo maka da wannan. Ka fara karanta ta, don ka ga ban yi maka shigar sauri ba. Na ji shiru, na ɗauka yarda ce.

Ɓarawon da kake nema, Kaka, amaryarka ce. Ni na zana, ni na buga.

Ka yafe ni, amma wallahi kaina ya ɗaure. Na koma wurin ƙyauren nan na tsuguna a gabansa har mai shayi ya tambaye ni ko lafiya. Abin da na gani da farko shi na sake gani. Baƙar fuska, hannu a sama, abu yana lilo. Jan ido kawai na ƙara, shi ma don ramukan idon a buɗe suke ba komai a ciki. In wannan ba Dogo ba ne, to wa ka zana a nan ka sa sunanka?

Kuma bari in faɗa maka gaskiya ko za ka sake ni. Mutane suna son sa a haka. Ban taɓa buga abin da ya tafi irinsa ba. Makon jiya wani Zunnuraini daga wajenku ya zo da abokansa, suka ce in buga musu shi a riguna. Sun haɗa ƙungiyar gadin gonaki saboda kaka ta matso, sun sa wa kansu suna Yaran Dogo. Ya ce bara an kwashe dammunan mutane a gona, har naka, aka kai ƙara aka gaji. Ya ce sun gaji da jarumin da zai kama ɓarawo ya kai, washegari a ga ɓarawon yana cin tsire a kasuwa. Ni da na ji haka alfahari na yi, na ce zanen Kakana ne yake tsare gari. Muzammil yana cikin waɗanda suka zo. Ya yi tsawo, ya gaishe ni da ladabi, shi ya ɗauki ƙunshin rigunan.

Su ma masu fim ɗin abin da suka gano ke nan. Jarumin da ka gani a silima, in ka ga yadda ake yin irinsa yanzu ba za ka gane shi ba. Ba ya kai kowa gaban hukuma, shi ne hukumar. Ban ce daidai ba ne. Na ce dai shi ake saye.

Ka ba ni amsa da wuri, kuma ka ba Tukur a hannu, ka tsaya ka ga inda ya sa.

Kamila

Gafasa, watan Satumba

Kamila,

Wa alaikumus salam. Takardunki biyu sun iso. Muna lafiya, Hajo ta ɗan yi zazzaɓi ta warke. Na yafe miki, aure yana nan. Tukur kuwa ki bar ni da shi.

Na karanta bayanin da kika yi na ƙyauren, sai dariya ta kama ni, amma ba ta daɗe ba. Yarinya, farin ne ya tafi. A zamaninmu farin fenti ya fi kowanne tsada, sai mu sirka shi da kananzir don ya yi auki, kuma shi muke sawa a ƙarshe a kan sauran. Shi ya sa shi ke fara tashi. Duk wanda ya taɓa riƙe buroshi a tasha ya san haka, ke kuwa a kwamfuta kika koya, inda fenti ba ya tsufa. Dogo yana da farin rawani. Yana da farin ido. Bakinsa a buɗe yake yana murmushi, haƙora reras, har direbobi suna tsokanata wai na yi masa haƙoran da ni ba ni da su. Abin da ke hannunsa kuma igiya ce da guga. Aikinsa ke nan: ya ciro wanda ya faɗa rijiya, ya ja motar da ta kafe, ya shayar da matafiyi. Rana ta cinye duk wannan ta bar miki sauran.

Yanzu ga abin da ya hana ni sukuni. Yaran nan ba a riga suka tsaya ba. Sun dubi hoton sun je sun samo tsofaffin sarƙoƙin babur, sun ɗaura ƙarfe a baki, kowa da tasa. Na ga ta Muzammil a rataye a bayan ƙofa. Na zaunar da shi na ce, kai da ka san Dogo tun kana zamewa daga cinyata, ka san guga ce a hannunsa. Ya ce, "Na sani, Kaka. Amma Dogo ya girma. Ya ciro mutane daga rijiya sun fito sun sace masa gero, ya gaji." Na ce wa ya gaya maka? Ya ce, "Kai wa ya gaya maka naka?"

Ni na ƙirƙire shi, gaskiya ne, babu wanda ya gaya min. Kuma bara da aka kwashe min dammuna, na tsaya a gonar nan na yi wa ɓarawon addu'ar da ba zan iya rubuta miki ba. A ranar da an miƙo min sarƙar nan, ban san me zan yi da ita ba. To wanne ne na gaskiya, wanda na zana ina saurayi cikina a ƙoshe, ko wanda rana ta tone? Ina ta juya abin na kasa ajiye shi.

Abu ɗaya na sani. Yaron nan ko kaza ba ya iya yankawa, Hajo ce take kiran maƙwabci. In ya ɗaga sarƙar nan a kan mutum, wanda zai dawo min gida ba shi ba ne. Ina jin tsoro, ban ɓoye miki ba. Ki daina bugawa, don Allah.

Ari

Gaya, farkon Oktoba

Kaka,

Assalamu alaikum. Sannu da jinyar Iya Hajo, Allah ya ƙara sauƙi. Mu lafiya lau.

Na daina tun ranar da takardarka ta zo. Na kuma koma kwamfuta na mayar wa Dogo da farinsa: rawani, ido, haƙora, igiya da guga. Da na gama na zauna ina kallonsa, sai na ji ƙwalla. Kyakkyawa ne, Kaka. Kamanninka ma yake yi.

Na buga na baza a gaban shago. Masu babur suna zuwa su duba su ce, "Anti, wannan ai mai tallan man goge haƙori ne, ina na gasken?" Wani tsohon direba, Malam Muhammad Auwal, shi kaɗai ya tsaya ya daɗe, ya ce rabonsa da ganin mutumin nan tun yana ɗan kamasho. Ya ɗauki ɗaya ya sa a aljihun gaba.

Baƙin Dogon kuma ya fita hannuna. Shaguna biyu a nan Gaya sun kwafe shi suna bugawa, wani ma ya ƙara masa bindiga. Na kira Zunnuraini na yi masa bayanin fentin, ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce labarin yana da daɗi amma gyaɗa ta isa cira. Na kira Muzammil bai ɗauka ba. Ga sitika ɗaya ta mai murmushin na sa a ciki, ka ba shi. Ban san ko za ta yi wani abu ba, ni dai ita kaɗai nake da ita.

Kamila

Gafasa, ƙarshen Oktoba

Kamila,

Sallama. Jikinmu lafiya.

Na ba Muzammil hoton. Ya karɓa da hannu biyu, ya duba, ya ce ya yi kyau. Na ɗauka an gama. Ashe ban san komai ba.

Shekaranjiya bayan sallar asuba Yaran Dogo suka ga mutum a gonar gyaɗa da buhu, a durƙushe yana tona. Suka yi kansa. Sunansa Inuwa, daga wajen Balan, dattijo ne mai 'ya'ya. Kala yake yi. An riga an cire gyaɗar an kwashe, mai gonar da kansa ya ce masa ya zo ya tsinci abin da ya rage, kamar yadda ake yi tun kafin a haife ni. Yaran nan sun san kala, iyayen wasunsu da ita suka rene su. Amma babu wanda ya tsaya ya leƙa buhun. Yanzu yana asibiti, an ce ido ɗaya ba zai dawo ba.

An kama Zunnuraini da wasu. Muzammil bai dawo gida ba. Wasu sun ce shi ya fara duka, wasu sun ce shi ne ya kwanta a kan mutumin ya tare masa. Wata mata da ta hango daga nesa ta ce duka biyun ta gani, kuma duk mutum ɗaya ne. Ban san wanda zan gaskata ba. Riga iri ɗaya suka sa dukansu.

Na je asibitin da kaina. Matar Inuwa ba ta san ko ni wane ne ba, ta ba ni tabarma, ta yi min godiyar zuwa. Na kasa gaya mata.

Muzammil ba shi da kowa a wajen gari sai ku. In ya zo wurinki, ki ba shi abinci, ki bar shi ya yi barci. Amma kada ki ɓoye shi, kada ki ba shi na mota zuwa Kano. Hajo tana kuka tana cewa in rubuta miki ki tura shi nesa. Ni na ce a'a. Ban sani ba ko zalunci nake yi wa jikana.

Ari

Gaya, ranar Laraba

Kaka,

Assalamu alaikum. Ka gaya wa Iya Hajo Muzammil yana nan, da ransa da lafiyarsa. Wannan takardar ba Tukur na ba ba, ɗan maƙwabcinmu ne zai kawo ta a babur yanzun nan.

Ya iso da hantsi a ƙafa, ta cikin gonaki. Ya juya rigar ciki waje don kada a ga hoton. Mama ta zuba masa tuwo, ya sa hannu ya kasa kaiwa baki. Ban tambaye shi komai ba, shi ya fara. Ya ce, "Yaya Kamila, na dake shi. Sau ɗaya. Da ya ɗago ya dube ni sai na ga tsoho ne, sai na faɗa kansa na rufe shi. Amma na riga na dake shi." Na ga bayansa, duk shatin sarƙar abokansa ne. Matar nan gaskiya ta faɗa.

Na karanta masa takardarka, har wurin da ka ce kada in ba shi na mota. Na zaci zai tashi ya fita. Sai kawai ya ce to. Ya ce shi ma ya yi ta tafiya ne bai san inda za shi ba.

Gobe da safe zan raka shi ofishin 'yan sanda na Ajingi. Ni ma zan faɗi nawa, cewa ni na zana abin da suka kwaikwaya, ko da za su ce wannan ba ya cikin shari'a. Mama ta ce ba ni da hankali. Wataƙila.

Abu ɗaya ya roƙa, ya kuma ce kada in matsa maka. Ya ce ba ya tsoron cikin ofishin, ƙofar yake tsoro. Ya ce in ya hango ka a tsaye a wurin zai iya shiga da ƙafarsa, ko ba ka yi masa magana ba, ko ba ka dube shi ba.

Na san ƙafarka, Kaka, na kuma san zuciyarka yanzu. Mai babur ɗin zai kwana a Gafasa. In ka ga dama, da safe ka hau bayansa.

Kamila